Baƙon da Ke Gini a Gidan Baba

Yayana,

Sallama da gaisuwa mai yawa daga ƙanwarka Auta. Ina roƙon Allah wannan takarda ta same ka cikin ƙoshin lafiya, kai da mai ɗakinka da 'yan biyunku, ya tsare ku, ya sa wa aikinka albarka. Mu nan sai godiya. Ƙafar Inna ta yi sauƙi tun da aka canja mata magani, har ta koma yi mana faɗa a tsaye maimakon a zaune. Maigidana yana nan yana fama da garejinsa, ni kuma ina shagon buga takardu kamar yadda ka sani. Za ka yi mamakin ganin takarda a wannan zamani. Da gangan na ƙi kiranka, domin na san halinka a waya: da an yi maka tambayar da ba ka so, sai layi ya lalace.

Maganar Baba ce ta sa na zauna rubutu. Ko ba ka tambaye ni ba, na san Inna tana gaya maka yadda ɓarin jikinsa na hagu ya shanye bara. Mutumin da ya shekara arba'in yana gina wa mutane gidaje ya koma zaman falo, daga kujera sai gado, yana kallon bango yana nuna mana inda aka yi ha'incin siminti. Likita ya ce a nemo masa abin da zai riƙa motsa hannun dama da tunaninsa. Sai na ɗauko wata ƙaramar kwamfuta daga shago, na saka masa wasan nan da ake ba mutum fili fetal ya gina abin da ya ga dama da bulo. Ranar farko ya ce in ɗauke shirmena, wai gini babu siminti babu ruwa wasan yara ne. Ranar ta uku na dawo daga aiki na tarar ya ja harsashi. Da na duba da kyau sai na ga ashe tsohon gidanmu ne yake fitarwa, wanda aka rushe lokacin faɗaɗa titi, ɗaki bayan ɗaki.

Bayan wata guda ya fara ƙorafin cewa ba a gini mutum ɗaya, ina masu katako, ina masu fenti. Ka tuna aminansa biyu da suka yi aiki tare, Kafinta da Mai Fenti. Kafinta gwiwa ta hana shi hawa benenmu, Mai Fenti kuma ya koma wajen 'yarsa can ƙarshen gari. Na ce bari in haɗa su a cikin wasan, kowa daga gidansa. Yaya, na sha wuya. Da farko na danna wurin da ake buɗe wa wasu duniyar wasan, ashe wannan sai wanda ke kan intanet ɗin gidanmu kawai yake iya shiga. Kafinta ya wuni gaban kwamfutar surukinsa yana jira, yana bugo waya yana cewa 'yar magini ta yi masa ƙarya. Dole na kwaso tsohuwar babbar kwamfutar shago na ajiye a lungun ɗakina, ita ce ke riƙe duniyar, ba a kashe ta. Na shiga saitin na'urar intanet ta gida na buɗe wata ƙofa mai lamba, sau huɗu ina kuskure, sannan na samo adireshin, wasu lambobi masu ɗigo a tsakani. Na rubuta a 'yan takardu biyu, maigidana ya kai wa tsofaffin. Akwai wani saiti da ake jera sunayen waɗanda aka yarda su shiga, duk wanda ba ya ciki ƙofa ba za ta buɗe masa ba. Na tsallake shi, saboda Kafinta kullum da yadda yake rubuta sunansa. Wannan sakacina ne, ban ɗora wa kowa ba.

Mako biyu komai lafiya. Da yamma za ka ji Baba yana daka wa Mai Fenti tsawa ta lasifika, wai har a kwamfuta bai iya zaɓen launi ba, su kuma suna mayar masa. Inna ta ce rabon da ta ji dariyarsa haka tun kafin ciwon. Sai abubuwa suka fara canjawa. Kafinta ya tara katako a akwati, washegari ya tarar rabi ya tafi, ya rantse Mai Fenti ne. Mai Fenti ya ce shi da ko tsani bai iya hawa a wasan ba, ina zai kai katako. Tsofaffi biyu suka kwana biyu ba sa gaisawa a kan katakon da babu shi a duniya. Ni kuma na je na buɗe bayanan da kwamfutar ke ajiyewa na masu shiga da fita. Sunaye huɗu na gani, ba uku ba. Na huɗun ba suna ba ne ma, harafi ɗaya ne da lambobi biyar, kamar na wanda ba ya son a gane shi.

Hankalina ya tashi ƙwarai. A shago ina jin labarin masu bin irin waɗannan wasanni suna neman tsofaffi da yara, su saba da su, su tatsi bayanin gida. Na fara sa ido. Mutumin nan Laraba da Lahadi kawai yake shigowa, kullum lokaci ɗaya, ya yi awa guda ya fita. Ba ya kunna murya, ba ya rubuta ko kalma. Kuma ba ɓarna yake yi ba, abin da ya fi ɗaure mini kai ke nan. Katakon Kafinta ashe matakala ya yi da shi. Na ƙirga, hawa goma sha uku, na ƙarshen ya fi sauran gajarta, daidai wanda muke tuntuɓe da shi muna yara. Sai wata Lahadi ya huda bangon bayan kicin ya sa 'yar ƙaramar taga. Baba da kansa ya manta da tagar nan. Ni ma sai da na gan ta na tuna ta nan kake miƙo mini takalmanka idan ka dawo daga ƙwallo ba ka so a gani. Ka gaya mini, wane ɓarawo ne ya san wannan?

Amma ban yarda da zuciyata ba, domin gidan nan mutane da yawa sun shige shi. Leburorin Baba nawa suka ci abinci a kicin ɗin, 'yan haya nawa suka zauna a ƙasa. Na tambayi Kafinta ko ya ba wani takardar, ya ce tana cikin hularsa tun ranar da aka kawo. Mai Fenti ya ce 'yarsa ce ta shigar masa da lambobin ta yaga takardar a gabansa. Na tambayi Inna, ta ce ita me ta sani game da kwamfuta, amma ta faɗi hakan tana gyara labulen da ba abin da ya same shi. Na tambayi maigidana, sai ya ɓige da ba ni labarin wata mota da ta ƙi tashi. Gida guda, Yaya, kowa na kalle shi sai in ga kamar da abin da yake ɓoye mini.

Abin da ya sa na yanke hukunci shi ne ranar da na leƙa ta bayan Baba na ga yana rubuta wa baƙon saƙo da yatsa ɗaya. Yana gaya masa ranar da muke zuwa asibiti, da cewa daga safe zuwa azahar shi da Inna ne kaɗai a gida, da cewa hannunsa har yanzu ba ya ɗaga kofi. In mugu ne, ai an ba shi komai. A ranar na kunna jerin sunayen, na saka uku, na rufe ƙofa. Laraba ta zo, na ga a bayanan ya ƙwanƙwasa sau shida a cikin awa ɗaya, ana mayar da shi. Ban ji daɗi ba, amma na ce gara haka.

Baba ya zauna gaban kwamfuta ranar Laraba har lokacin ya wuce, ya rufe ta. Lahadi ma haka. Daga nan ya daina buɗewa, aminansa suna kira yana cewa ya gaji, abinci sai Inna ta yi da gaske yake cin loma uku. A kwana na shida da daina buɗewar ya kira ni ya tambaye ni wa ya sa ni rufe wa mutane ƙofa a filinsa. Na yi masa bayanin mugayen mutane da duk abin da nake tsoro. Ya saurare ni har na gama, sannan ya ce shi bai san kwamfuta ba, amma ya san hannu. Ya ce duk maginin da ya taɓa koya wa aiki, ko a duhu aka nuna masa bangonsa zai gane, kuma mutum ɗaya ne tak yake fara ɗaure kusurwa daga dama ya bar tsakiya sai ƙarshe, duk faɗan da ya sha a kan haka bai daina ba. Bai kama suna ba. Ka san shekara bakwai ke nan sunanka bai fito daga bakinsa ba, tun ranar da ya sa ka rushe katangar da ka wuni kana yi a gaban leburori, kai kuma ka ajiye cokalin gini ka bar garin. Ya dai ce in mayar da mutumin, yau ba gobe ba.

Kafin in mayar, na tsare maigidana a gareji, na ce ba zan tafi ba sai ya gaya mini gaskiya. Ya yi ta goge hannu da tsumma, daga ƙarshe ya amsa cewa ya ɗauki hoton takardar kafin ya kai, ya tura wa mutum ɗaya, kuma ya yi alkawari ba zai faɗi ko wane ne ba. Na ce ko kai ne, ya ce shi dai ya yi alkawari. Na ce ko wani tsohon yaron Baba ne, ya sake cewa ya yi alkawari. Na dawo gida na ƙara harafin nan da lambobinsa biyar a jerin. Ranar Lahadi baƙon yana shigowa Baba ya gyara zama, ya nemi a kawo masa shayi, suka yi awa guda suna jera bulo gefe da gefe babu wanda ya ce uffan. Da daddare ya cinye abincinsa tas.

To, ga inda nake. Duk alamu kai suke nunawa, har ranakun ma, domin mai ɗakinka ta taɓa gaya mini Laraba da Lahadi ne hutunka. Amma alama ba tabbas ba ce, kuma ni ce na buɗe ƙofar nan, ni ce ke gadinta. In ba kai ba ne, to wani yana wasa da zuciyar tsoho mara lafiya, kuma ranar da gaskiya ta fito ban san yadda jikinsa zai ɗauka ba. Ka turo mini kalma ɗaya kawai, zan rufe ƙofar, ni zan gaya masa, in ɗauki fushinsa. In kuwa kai ne, ina jin haushinka, ba zan ɓoye maka ba. Ka sa na zargi mijina da mahaifiyata, ka haɗa tsofaffi biyu faɗa, ka sa na hana Baba abinci kwana shida da hannuna. Me zai rage ka da shi in ka danna maɓallin murya ka ce Baba ina wuni? Maɓallin yana ƙasa ta hagu, in ma shi ne ba ka gani ba.

Ka gaishe mini da mai ɗakinka da kyau, ka shafa mini kan 'yan biyu, ka ce gwaggonsu tana jiran sabon hoto. Inna tana gaishe ku, ta ce ka rage shan sanyi. Maigidana yana gaisuwa, ko da yake har yanzu ban gama da shi ba. Kafinta da Mai Fenti sun shirya, su ma sun ce a gaishe ka.

Ina cikin rubuta gaisuwar nan Baba ya tambaye ni wa nake rubuta wa takarda mai tsawo haka. Na ce kai nake rubuta wa. Ya koma kan kwamfutarsa har na ɗauka ya bar maganar. Can ya ce, tunda takardar za ta je, in ƙara a ƙasa cewa rufin ɗakin gabas ba aikin mutum ɗaya ba ne, kada a fara ranar Laraba sai ya shigo. Ban tambaye shi wa zan gaya wa ba. Ga shi na ƙara.

Ƙanwarka mai jiran amsa,
Auta