Alkyabbar Kaki ta Isufu

Yaya Hajara,

Gaisuwa mai yawa. Ina lafiya, ina su Inna da yara, yaya haƙurin fari a Damagaram?

Ƙanenmu Isufu tela ya fito a azzalumin sarki mai ɓoye hatsi cikin tsohon wasan kwaikwayon nan. Yadi ya yi tsada a kasuwar Wadata, sai ya ɗinka alkyabbarsa da ragowar kakin soja. Sojoji suka ce da su yake, suka haye dandamali, suka fasa masa baki da gindin bindiga. Jini na zuba yana cewa, "Ku durƙusa, bayina."

Suka tafi da shi. An sako shi, amma yanzu ba ya amsa Isufu, sai "ranka ya daɗe".

Ki gaida Kawu. Ku yi addu'a Allah ya maido mana telanmu.

Ƙanwarki Rabi, Yamai