Ɗalibai Shida a Ɗakin Amarya

Assalamu alaikum Hajiya Hure. Ina gajiya, ya aiki, ya iyali, ya jama'ar filinki? Don girman Allah ki ture sauran wasiƙun gefe ki fara da tawa, ba kullum ba ne mutum irina ke kawo kuka jarida. Ni ne Shugaban wata jami'a a nan cikin birnin Katsina, kuma ruwa na neman ƙare wa ɗan kada.

Kin dai ji abin da takwarorina shugabanni suka yi bana. Kuɗin hostal da aka ƙara bara shi aka sake ƙarawa, har gadon da yaro zai miƙe ƙafa a kai yana neman ya fi karatun tsada. Ni ban ga laifinsu ba. Ɗan talaka ai karatu aka turo shi, ba barci ba. In kuwa ya nace sai ya kwanta, ga benci a aji, ga barandar masallaci, sauro ma kyauta ne.

To ni a tawa jami'ar ban ƙara ko sisi ba, don tun farko ba a biya. Tana nan Ƙofar Durbi, in kin wuce mai ƙosai kin sha kwana. Faɗinta ƙafa goma sha biyu, tsawonta goma sha huɗu. Da can shagona ne da nake kwana ciki, a ƙofar gidan mahaifina.

Bakina ne ya kafa ta. Ina da taubashi, Umair, ɗan kawuna da ke zaune a ruga. Duk danginmu shi kaɗai ya taka jami'a, yanzu yana ajin ƙarshe. Farkon zangon nan ya biyo ta wurin aikina fuska a murtuke, wai an liƙa sabon kuɗin hostal, kuma Kawu ya rantse bijimin da ya sayar na rajista shi ne na ƙarshe. Kin san tsakanin taubasai ba jaje ake yi ba, tsiya ake yi. Na ce mashi ya bar kuka kamar maraƙin da aka yaye, ai ni ma na buɗe hostal, gado sittin, da fanka da ruwan famfo, talakawa kyauta, ya je ya yi shela. Wallahi Hajiya wasa nake. Ashe gogan ya ɗauki muryata a waya, don ya rama sai ya tura wa 'yan ajinsu.

Ran Asabar da hantsi na fito na tarar da mutum goma a ƙofar gida da jakunkuna da bokitai, Umair na bayansu yana washe baki. Biyar suka gane shigo-shigo ba zurfi aka yi masu, suka yi dariya suka kama gabansu. Biyar ba su yi dariya ba. Akwai wani cikinsu, Mubarak, sati uku yana kwana a aji yana wanka a banɗakin masallaci. Ya tsaya yana kallona kamar ni ne gwamnati. Na laluba cikina kaf, na rasa wasan da zan kore shi da shi.

Sai na kwaso ƙarafa na shiga ɗakin na haɗa masu gado mai hawa uku, kowane hawa mutum biyu, su biyar da Umair na shida. A cikin ɗakin na yi waldarsa, ban tsaya auna ƙofa ba. Yau wata huɗu ke nan. Shugaban jami'a kuwa ya koma zaure da tabarmarsa, shi da babur ɗin yayansa.

Har dokoki sun kafa mani. Akwai takardar shara a bango, da sunana a ciki ran Talata. Rannan na shiga ɗauko rigata aka ce in taka a hankali, ana karatu. Tsohuwarmu ta ƙara gari a tukunyar tuwo, sai dai in na gilma ta raka ni da harara.

Duk wannan mai sauƙi ne. Ga inda gizo ke saƙa. An sa ranar aurena da Nafisa, ɗiyar Ƙofar 'Yandaka, saura sati shida. Ɗakin nan shi ne ɗakin amarya, Baba ya ce a toshe ƙofar waje a fasa ta ciki. Su kuma yaran sai nan da sati tara za su gama jarabawar ƙarshe. Ban faɗa wa Nafisa komi ba, kullum sai in ce gobe. Larabar da ta wuce sai ga gwaggonta, Hajjo, da mata biyu sun zo auna ɗaki don a ba kafinta aikin kayan jere. Suka ɗaga labule suka tarar da ƙarti sama da ƙasa kamar kaji a keji, wani da singileti, wani yana jiƙa garin kwaki a kofi. Gwaggo Hajjo ta juyo ta tambaye ni mene ne wannan. Nan ne ya kamata in sunkuyar da kai. Sai na ji bakina yana ce mata sabon yayi ne daga Dubai, amarya a sama, ango a tsakiya, baƙi a ƙasa, waɗannan kuma gwada mani ƙwarinsa suke yi. Ba ta yi dariya ba. Ta naɗe tef ɗinta, ta ce ɗiyarsu ba bariki za a kai ta ba, in ba a kwashe an yi fenti kafin Juma'a ta sama ba, ranar da aka sa ta tashi. Tun daga nan Nafisa ba ta ƙara ɗaga wayata ba.

In na kore su, Umair ɗan gida ne, zai raɓa ko a ina. Sauran biyar fa? Hayar ɗaki kusa da makaranta ta fi hostal ɗin zafi. Mubarak ya ce mani in ya fita nan garinsu zai koma, yana murmushi ya faɗa, wai kar in damu. In kuma na bar su na rasa Nafisa, yarinyar da na shekara uku ina cinye takalmi a hanyar gidansu. Gadon ma ba ya fita sai an yanka shi.

Akwai kuma abin da ban taɓa faɗa wa kowa ba. Ina jin daɗin zamansu. In sun kaure da gardamar karatu ina zaure ina saurare, rabi ban gane ba, amma sai in ji kamar da ni ake yi.

To Hajiya, kafin ki sa a buga da manyan baƙi, bari in sauko daga kujerar da ba tawa ba. Ni ba shugaban kowa ba ne. Sunana Rilwanu, mai walda a bakin titi. Ban taɓa zama bencin boko ba, allo na yi har na sauke. Shi ya sa kika ga wasiƙar da ajami, duk digirorin da ke ɗakina ba mai iya karanta ta. Rigar manya na ara don na lura wasiƙar babba ba ta kwana a kwando. Ki yafe mani, ki kuma faɗa mani yadda zan yi.

AMSA

Wa alaikumus salam Rilwanu. Na yafe, kuma da sunan mai walda ma da na amsa maka, har da sauri.

Abin da ka fara da wasa ya daɗe da tashi daga wasa. Wata huɗu a zaure sadaka ce, Allah ya karɓa, ya saka wa mahaifiyarka da ke ciyarwa ba da shawararta ba. Ka je ka yi mata godiya da bakinka. Amma tun ranar da aka sa rana, ɗakin nan ya daina zama naka kai kaɗai. Gwaggo Hajjo ba mugunta ta yi ba. Ta zo ɗakin 'yarta ta tarar da maza shida da ba ta sani ba, ta yi tambaya aka ba ta barkwanci. Fushin Nafisa kuwa ba na ɗalibai ba ne, na ɓoye mata da ka yi ne.

Saboda haka yau, ba gobe ba, ka ɗauki baffanka ko wani dattijo ku je gidan Hajjo. Ka bar wasa a bakin ƙofa tare da takalmanka. Ka ba da haƙuri, ka faɗi labarin daga farkonsa yadda ka faɗa mini. Kada ka roƙi a ɗaga rana. In su da kansu suka ga sati uku ba wani abu ba ne, to madalla. In ba su ce ba, haƙƙinsu ne, ka cika alkawarin fenti.

Yaran kuma ba jarirai ba ne. Ka zaunar da su ka faɗa musu ranar tashi. Cikin gari akwai shaguna a kulle da masu su ke Kano ko Abuja. Umair da ya yi shelar shi zai shige gaba, ku je wurin mai unguwa da liman ku nemi aron ɗaki na sati tara, kai ka tsaya musu. Gadon ka yanka shi, wanda ya haɗa shi a can zai haɗa shi a wani wurin. Su kuma rubuta wa ofishin kula da ɗalibai da ƙungiyarsu, da sunayensu, su nemi sassauci. Jami'a na da uzurinta, wuta da ruwa da gyara duk sun yi tsada, amma ƙarin da ya kai ɗalibi ga kwana a aji ya kamata masu yin sa su ji labarinsa daga bakin wanda ya kwana.

Ka fara da Mubarak. Kada ka bari ya ɗaure jakarsa sai ka ga inda zai kwanta da idonka, domin mai cewa kar a damu yana murmushi shi ne mai tafiya ba sallama. Allah ya huci zuciyar Nafisa, ya sa a ɗaura lafiya, ya ba yaran sa'ar jarabawa.

Hajiya Hure