Takarkarin da Baba ke ajiyewa a inuwa

Zuwa ga Yayana Laminu, a ƙasar Japan.

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya, kai da iyali. Mutanen gida a nan Belbeji duk suna gaishe ka. A fili na rubuta, inda kowa zai gani, don na san halinka, in na turo a ɓoye sai ka ce "to" ka kashe zancen.

Tun da malamin nan ɗan Japan ya ga jifanka a Damagaram ya tafi da kai wasan ƙwallon nan na jifa da bugu da sanda, besbol, ba wanda ya gane aikinka a gidanmu. Ka yi bayani har ka gaji: ba kai ke fara wasa ba, kana zaune sai mai jifan farko ya gaji, wasa na neman kuɓucewa, sannan a kira ka.

Ka tuna bidiyon da ka turo? Baba ya yi awa biyu yana neman ka a salula, ka fito ka yi jifa bakwai aka tashi. Ya ce, "Ashe zama aka kai ɗana ya yi a bayan teku." Ni da bakina na kai maka maganar ina dariya. Na yi wauta, Yaya. Shekara goma sha ɗaya ka yi kana jifa, gwiwar hannu ta ƙi, ka koma koya wa yara, kana aiko mana da komai amma kai ka ƙi zuwa.

To ga labari. Ran Talata na raka Baba rijiya. Rana ta take, rabin garke bai sha ba, takarkarin da ke jan guga tun safe ya tsaya cik. Baba ya kwanto baƙin san nan da ya wuni yana tuƙa a gindin aduwa. Don tsokana na ce ga malalaci ya tashi. Baba ya harare ni, ya ce wanda aka fi yarda da shi ake ajiye wa wannan lokaci, don shanu na turereniya, ragon sa ba ya iyawa. Na ce to ai aikin Yaya ke nan.

Ya ci gaba da juye guga har kwamin shayar da shanu ya cika. Sai ya fashe da dariya yana share ido da rawani.

Yanzu ba mai sayen akuya a hannunsa bai kalli bidiyonka ba. Kuma ba ya yarda a tsallake zaman, wai nan ne muhimmi. Dillalai sun fara ɓuya in sun hango shi. Ni kuwa daɗi har ya yi mini yawa.

Jiya ya sa ni gaba, ya ce in rubuta yadda ya faɗa: "Gaya masa tun safe nake ja, na gaji. Ya taso."

Allah ya ƙara wa hannunka sauƙi, ya kawo mana kai da jikokin Baba lafiya, ya sa ku sha fura a ƙwarya ɗaya.

Ƙanwarka mai dogon baki,
Hajara