Na ce ta rasu, alhali tana nan da ranta a Japan

Assalamu alaikum 'yan uwa, fatan an wuni lafiya, ya gida ya iyali. Admin a ɓoye sunana. Don Allah ku ba ni shawara, na ja wa kaina abin da ya fi ƙarfina.

Shekarata shida da tarewa a unguwar Kambarawa, maigida yana aiki a Abuja, sai ƙarshen wata yake leƙowa, haihuwa kuma Allah bai kawo ba. A unguwar Gobarau na tashi, a gidan da ko atishawa kika yi sai mutum biyar sun amsa, a nan kuwa kowa ya ja get ɗinsa. Kaɗaici ya sa na fara kallon finafinan wata 'yar wasan Japan a waya. Na bi ta tun tana fitowa 'yar makaranta, ta koma nas, har ta kai tana fitowa a uwa. In ta zauna cin abinci a fim nima sai na zubo nawa, wallahi da ita nake ci.

Ranar Asabar na ga ta sanar ta bar fim. Ni 'yasu, kuka na zauna yi har da shessheƙa. Sai ga maƙwabciyata Hajiya ta shigo aron turmi, ta tsare ni da tambaya, kunya ta hana ni faɗin gaskiya, na ce aminiyata ce ta rasu a nesa.

Kafin la'asar falona ya cika da mata 'yan gaisuwa. Wannan ta kawo dambu, waccan fura, wata ta share min tsakar gida, Hajiya har faɗa ta yi min wai me ya sa nake ƙunshe kaina. Ba zan ɓoye muku ba, na ji daɗi, rabon da a kira sunana a gidan nan haka na manta.

To jibi ne sadakar bakwai. Hajiya ta ce za a yi waina a raba sadaka, kuma in ba ta sunan mamaciyar malaminsu ya sa ta a addu'a. 'Yar wasan nan kuwa lafiyarta ƙalau, ban ma san addininta ba.

In na yi shiru na yi wasa da addu'a, ina tsoron Allah. In na faɗa na zama abin dariyar unguwa, kowa ta koma gidanta ta ja get, ni kuma yanzu ko wadda nake cin abinci da ita babu. Ya zan yi, da wane baki zan fara yi wa Hajiya bayani?