Tsibirin da Aka Zana da Fensir

Zuwa ga hasken idona, sanyin zuciyata, tauraruwar da matuƙi ke bi idan kamfas ya rikice, ke mai zanen taswira ta tebur na uku kusa da taga,

Gaisuwa mai tarin yawa, irin wadda ba ta da gurbi a takardar rahoto.

Shekara tara ke nan ina aiki a Ofishin Binciken Ƙasar Mafarki. Ƙarfe goma na safe in sa hannu a rajista, in cire takalmi, in kwanta a gado na huɗu, in tuƙa kwalekwalena cikin barci zuwa inda aka tura ni. Ƙarfe biyu a kaɗa ƙararrawa, in zo teburinki in faɗi abin da na gani, ke kuma ki zana. Har yau mahaifiyata tana gaya wa maƙwabta cewa ɗanta barci yake yi ana kiransa ma'aikaci. Ban taɓa musa mata ba.

Na ratsa Tekun Jarrabawar da Ba a Yi Karatu Ba. Na auna zurfin Kwazazzabon Faɗuwa sau biyu, don shugaban sashe bai yarda da awon farko ba. Amma babu inda gabana ya taɓa faɗuwa kamar a gaban teburinki, kina feƙe fensir kina cewa in daina sauri. Ya ke ruwan farkon damina! Ya ke inuwar da ba ta gudun mai tafiya! Wane matuƙi ne zai faɗi tsawo da faɗi daidai alhali kina kallonsa ta saman tabarau?

Kin tuna ranar Litinin ɗin da na kawo rahoton tsibirin nan? Ɗan ƙarami, gabas da tekun: gida mai ɗaki biyu, rijiya, igiyar shanya, kujeru biyu a ƙofa. Kika tambaye ni me ya sa biyu, na ce ni matuƙi ne, ba kafinta ba. Kika zana shi da fensir, yadda dokar aikinmu ta ce: wurin da mutum ɗaya ya gani, fensir ne rabonsa, sai an samu shaida na biyu a sa masa tawada. In kwana arba'in suka cika babu na biyun, a goge. Abin da aka goge kuwa, babu wanda ya taɓa sake samun hanyarsa.

Yau kwana talatin da bakwai. An tura Dogo na gado na biyu, ya dawo ya ce ruwa kawai ya gani. An tura Mai Minshari, ya ɓace, ya ƙare a ajinsu na firamare babu wando. Shugaban sashe ya dafa kafaɗata ya ce in yi haƙuri, tsibirin tuzuru dama ba ya daɗewa.

Jiya da kika fita cin abinci, na leƙa zanen. A bayan gidan akwai bishiyar lemo, reshenta ɗaya ya karye ya jingina da katanga. Haka take kuwa, a jikinta nake ɗaure kwalekwale. Sai dai ban taɓa faɗa miki ita ba. Sau uku na karanta kwafin rahotona, babu lemo a ciki. Ke da ba kya ƙara ko ɗigo na kanki, ke da kika mayar wa Dogo da rahotonsa don ya ce dutse babba ne bai kawo awo ba! Ruwa ba ya tsami banza. Hannunki ya zana abin da idonki ya gani, ya manta cewa ba daga bakina ya fito ba. Ashe mayafin da nake tararwa a kan igiyar shanyar naki ne! Ni da nake ta zaton iska ce ta kawo shi.

Na san abin da ya rufe miki baki. Mai zane ba ta da izinin tafiya, kuma kowa a ofishin nan ya san ma'anar namiji da mace su yi shaidar tsibiri ɗaya. Za a yi mako guda ana shan shayi da mu. Ba zan bar ki da bakin mutane ba. Na riga na yi wa kawuna magana, ya ce a shirye yake ya je gaban mahaifinki. Da ya tambaye ni ko muna da wurin zama, na ce akwai, amma tukuna da fensir yake.

Ranar Juma'a za a ajiye miki alƙalami da magogi a kan tebur, domin sa hannun naki ne, gogewar ma aikinki ce. Ina jin tsoro, ba zan ɓoye miki ba. Ina son ki, a farke nake kuma da nake rubuta wannan. In kika ɗauki magogi ba zan riƙe ki a zuciya ba. Zan ci gaba da kwanciya a gado na huɗu, ina zagaya ruwan da babu komai a cikinsa har in yi ritaya. Sai dai ki tuna, ba ni kaɗai hanyar za ta ɓace wa ba.

Naki a farke da cikin barci, muddin ina numfashi,

Matuƙin gado na huɗu