Sunan Da Safiatou Ba Ta Faɗa Ba

Hambug, Jamus
9 ga Maris, 2019

Zuwa ga Yaya Safiatou,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ya aiki, ya zafin Dubai? Na rubuto a takarda na ɗauki hotonta kamar yadda kika ce, tunda kiran WhatsApp ba ya shiga a wurinku, kuma ba kya son matan ɗakinku su ji saƙon murya.

Yaya, ki samu wuri ki zauna. An kama Kaftin, mai gidan bashin nan na Sabha a Libiya da ake tsare matafiya sai an biya fansa, inda aka tsare ki ke da Nafiou a 2016. Ya shigo nan da wani suna yana neman mafaka, sai wasu 'yan Gambiya da ya taɓa azabtarwa suka gane shi a layin karɓar abinci. Na tambayi lauyar da ke tsaya musu: ta yaya Jamus za ta yi shari'ar abin da aka yi a Libiya, kan mutanen da ba nata ba? Ta ce dokarsu ta ba da dama. Laifi mai girma irin wannan, ko a ina aka aikata shi, suna iya gurfanar da mai shi a kotunsu.

Na ba su sunan Nafiou, na ce ɗanki ne. Amma ni ban ga komai ba, ke kaɗai kika ga rasuwarsa. Mai bincike zai yi magana da ke ta bidiyo, tare da tafinta. Don Allah ki daure.

Ƙanenki,
Oumarou


Al Karama, Dubai
20 ga Afrilu, 2019

Oumarou,

Wa alaikumus salam. Lafiya lau muke, ka gai da matarka Nafi da yara.

Na yi maganar da ka matsa mini. Sai da na roƙi mai gidan abincin da nake wa tuƙin tuwo a unguwar Sabkha ta nan Dubai ya ba ni rabin yini, ya ce "yalla, yalla," wai in yi sauri, kamar bikin wani za ni. Awa huɗu suna tambayata! Tafintan Bature ne, a jami'a ya koyi Hausa, yana yi tsaf kamar mai karanta labarai a rediyo.

Na faɗa musu komai. Yadda Kaftin ya kira Inna a Damagaram, ya ajiye wayar a ƙasa don ta ji, ya dinga dukan yaron da bututun ƙarfe. Yadda ya kwana uku yana aman jini, ya cika, kansa na kan cinyata. Ban yi kuka ba sai da na shiga bas.

Amma mutanen nan ba su da ta ido. Wai in faɗi sunan yaron. Na ce Oumarou ya ba ku. Wai to mene ne shi a wurina? Na ce na Inna ne. Ai ba ƙarya na yi ba, tun yaye ita ta riƙe shi. Sau uku suna maimaita tambayar, ni kuwa na sunkuyar da kai har suka gaji suka wuce.

Khalas, shi ke nan, na sauke nauyi. Yaushe za a yanke masa hukunci?

Yayarka,
Safiatou


Hambug
2 ga Nuwamba, 2019

Yaya Safiatou,

Assalamu alaikum, ina gaisuwa. Ki yi haƙuri da abin da zan faɗa, raina ne a ɓace.

Haba Yaya! Kin san abin da aka rubuta a dosiye, wato takardun shari'ar? An rubuta cewa mamacin ɗan mahaifiyarki ne, wato ƙanenki, kuma kin kasa faɗin sunansa. Ni kuma na riga na rattaba hannu cewa ɗanki ne. Lauyan Kaftin ya samu abin da yake nema. Ya ce ɗaya cikinmu maƙaryaci ne, wace uwa ce za a tambaye ta sunan ɗanta sau uku ta yi shiru? Ya ƙara da cewa 'yan Gambiyan nan sun ji yaron yana kiranki Yaya, ba su taɓa jin ya ce Mama ba.

Na zaunar da lauyarmu na yi mata bayani. Na ce a wurinmu mace ba ta kiran sunan ɗanta na fari, ba ta nuna nata ne a gaban mutane, kunya ce, kakarsa ake bai wa. Ta fahimta, har ta rubuta. Amma ta ce alƙalai ba za su karɓa daga bakina ba. Dole ki tsaya gabansu ki ce ɗana ne, sunansa kaza. In ba haka ba, za a cire kisan Nafiou daga cikin tuhumar, a bar na sauran.

Suna ɗaya ne fa, Yaya. Za su aiko miki da takardar gayyata, ki nemi biza.

Ƙanenki,
Oumarou


Al Karama
27 ga Fabrairu, 2020

Oumarou,

Wa alaikumus salam. Na ga wasiƙarka tun tuni, da gangan na ƙi amsawa.

Suna ɗaya ne, ko? Sannu da ƙoƙari, Bajamushe. Kai da ka sa wa ɗanka na fari sunan Baba, ka taɓa kiran sa da shi? Ba Abba kake ce masa ba?

To na bi maganarka. Sati uku ina bin mai gidan abincin kafin ya fito da fasfona daga durowarsa. Na kai takardu, aka ɗauki hoton yatsuna, na jira wata biyu. Jiya amsa ta zo: an hana ni bizar, wai ba su tabbata zan dawo ba. Ikon Allah! Su suka ce in zo, su kuma suka ce kar in zo. Dokar da ta iya miƙa hannu har Sabha ta kamo Kaftin, ta kasa ɗauko mai tuƙin tuwo ɗaya daga Karama.

Bari in faɗa maka abin da ban faɗa wa kowa ba. Ranar da zai cika, ya buɗe ido ya ce, "Yaya, kira ni mana in ji." Wallahi Oumarou na buɗe baki. Akwai mutane sun fi talatin a ɗakin, duk suna kallo, sai na ji kaina ina cewa, "Sannu, kai." Abin da ya tafi da shi ke nan. Shekara huɗu abin nan yana cina, kai kuma kana ce mini suna ɗaya ne.

Ka ce musu in ba za su bar ni in zo ba, su sake kunna bidiyon. Zan faɗa.

Safiatou


Al Karama
14 ga Janairu, 2021

Oumarou,

Assalamu alaikum. Ya sanyi, ya jikin Nafi? Allah ya ƙara sauƙi.

Wata goma sha ɗaya ke nan. Da farko ka ce korona ta rufe kotu. Sannan ka ce magana da mai bincike daban, shaida gaban alƙalai daban, sai hukumomin nan sun ba da izini a rubuce. Takardar ta tafi wani ofis, aka ce a juya ta zuwa Larabci, aka juya, aka ce hatimi bai cika ba. Ni dai na gaji da jin "inshallah, sati mai zuwa."

Amma ina shiri. Duk Juma'a ina shiga kwale-kwalen da ke tsallaka ruwan Deira, in zauna kusa da inji inda ba mai jin maganar wani, in ja takunkumina, in faɗi sunan. Ranar farko ban iya ba. Yanzu ina faɗa har sau goma kafin mu kai gaɓa. Halima Sa'adiya da muke ɗaki ɗaya ta ɗauka wuridi nake yi.

Ka ce za a rufe jin shaidu ƙarshen Afrilu. Ka tsaya musu a kai, don girman Allah.

Yayarka,
Safiatou


Hambug
18 ga Yuni, 2021

Yaya Safiatou,

Assalamu alaikum. Ban san ta inda zan fara ba.

Yau aka yanke hukunci. An ɗaure Kaftin rai da rai, kan azabtar da mutum goma sha ɗaya da kisan biyu. Alƙaliya ta karanta sunayensu ɗaya bayan ɗaya, 'yan Gambiya suna ta kuka suna rungume juna. Na tsaya ina jira har ta rufe takardar.

Babu Nafiou, Yaya. A shafi na tamanin da huɗu an rubuta "wani matashi ɗan Nijar da ba a tabbatar da ko wane ne ba." Izinin bidiyonki ya iso kwana tara bayan an rufe jin shaidu. Lauya ta ce ko da an sa shi, ɗaurin ba zai ƙaru ba, mu ɗauka mun yi nasara. 

Ki yafe mini maganar da na yi miki a baya. Ban kira Inna ba tukuna.

Ƙanenki,
Oumarou


Al Karama
19 ga Yuni, 2021

Oumarou,

Wa alaikumus salam. Na yafe maka. Inna kuma ni zan kira ta da kaina.

Ka buga wannan takardar ka kai wa alƙaliyar. In ta ga dama ta sa a shafi na tamanin da huɗu, in ta ga dama ta jefa a shara.

Sunansa Nafiou. Ɗana ne, ni na haife shi, ranar wata Laraba a Damagaram. Shekararsa ashirin. Nafiou, na kira ka.

Safiatou, uwar Nafiou