Wa Ya Kwance Tunkiyar Inna?

Yaya Maccido,

Assalamu alaikum. Ya Inna da yara a Ƙaura? Allah ya tsare ku. Ina lafiya nan Turai, barci ne kawai ya ƙi.

Jiya a jami'a aka nuna mana tsohon fim ɗin yaƙi da mutanen nan ke alfahari da shi tun kakanninsu. Malami ya nemi ra'ayina. Na ce wanda ya shirya shi bai taɓa gudun hijira ba, tunda ƙauye guda ya watse amma ba wanda ya tsaya kwance dabbobi. Suka yi dariya, na fice.

Yaya, ranar da 'yan bindiga suka kore mu daga Kurya, wa ya kwance tunkiyar Inna? Na kasa tunawa. Gaya mini gaskiya.

Ƙanwarka,
Hanifa